Wasan 1 ga Afrilu da kamfanoni ke yi, da yadda yake isa Zamfara

A nan Faransa inda nake zaune, ranar 1 ga Afrilu rana ce da kowa ya san da zuwanta. Yara kan liƙa wa mutum kifin takarda a baya, jaridu da kamfanoni kuma su ƙirƙiro labarin da ba shi da tushe, daga bisani su fito su ce wasa ne. Al'adar ta daɗe a Turai, domin tun a 1957 gidan talabijin na BBC ya nuna manoma a Suwizalan suna tsinkar taliya daga bishiya, har wasu masu kallo suka buga waya suna tambayar yadda ake shuka ta.

Sai dai ko a ƙasashen da suka saba da wannan wasa, yakan zo da ɓarna. A 2021 kamfanin Deliveroo, mai kai wa mutane abinci gida, ya aika wa dubban abokan cinikinsa a Faransa takardar biyan kuɗi ta bogi, wadda ke nuna sun sayi abinci na Yuro 466. Mutane da dama sun ɗauka an yi musu kutse a asusun banki, kuma dole kamfanin ya nemi afuwa. A shekarar ce kuma kamfanin motoci na Volkswagen ya sanar cewa sunan reshensa na Amurka zai koma Voltswagen, manyan kafofin labarai suka buga, sannan ya ce raha ce. Kafin nan, a 2016, Google ya saka wani maɓalli a Gmail mai maƙala hoton barkwanci a jikin saƙo, wasu suka danna shi bisa kuskure a wasiƙun aiki, aka cire shi cikin gaggawa.

Abin da ke damuna shi ne yadda irin wannan saƙo yake isa Gusau, Ƙauran Namoda ko Talata Mafara. Yana zuwa ne ta WhatsApp, an yanke kwanan wata, an bar tambarin kamfani, wani lokaci ma bayan makonni, kuma gyaran da aka fitar daga baya ba ya biyo shi. Dattijon da jikansa ya karanta masa saƙon ba shi da dalilin zargin cewa babban kamfani zai yi ƙarya da gangan. Mu da muka ga yadda jita-jitar wanka da ruwan gishiri ta game Najeriya cikin dare ɗaya lokacin cutar Ebola a 2014, har aka yi asarar rayuka, mun san saurin tafiyar ƙarya a waya. A jihar da labarin hari ko na rufe hanya ke sa mutum ya fasa zuwa kasuwa, amincin saƙo abu ne da rayuwa ta rataya a kansa.

Akwai kuma 'yan damfara, waɗanda kullum suke yawo da sunan kamfanonin waya da bankuna, suna alƙawarin data kyauta ko tallafin gwamnati domin su karɓi lambar BVN ta mutane. Duk ranar da kamfani na gaskiya ya yi ƙarya da sunan wasa, ya ƙara wa talaka wahalar bambance saƙon gaske da na ɓarawo.

Ba wai Bahaushe bai san raha ba ne. Muna da wasan taubasai, amma taubashi ya san taubashinsa, kuma kowanne yana da damar ramawa. Kamfanin da ke riƙe da kuɗinka da lambar wayarka ba taubashinka ba ne, kai kuma ba ka da hanyar mayar masa da martani. Malamanmu ma sun sha karanta mana hadisin da ya yi gargaɗi mai tsanani ga wanda ke ƙarya domin ya ba mutane dariya.

Saboda haka ina kira ga bankuna, kamfanonin sadarwa da shafukan labarai na Hausa da su bar kwaikwayon wannan al'ada. Microsoft ya hana ma'aikatansa yin ta a bainar jama'a a 2019, Google kuma ya dakatar da nasa a 2020 lokacin annobar korona.