Dokina Yana Hannun Mai Kilishi

Sana'ata zanen allon shago ce. Kawunan nan da kuke gani a ƙofar masu aski daga Zango har Sabon Gari, da yawansu aikin hannuna ne, kuma ko ruwan sama ya wanke su ko a jikina. Dokin nan ne ya zame min jarrabawa.

Bayan hawan Sallah na zana shi: kili, ya ɗaga ƙafafun gaba a ƙofar fadar Sarkin Damagaram, can bayansa duwatsun Birni da guntun ganuwar Sarki Tanimun. Fentin ma daga Kano na sa aka kawo min. A kan wutsiyar kaɗai na yi ta raba dare da fitila, sili ɗaya bayan ɗaya. Da na dawo daga masallaci da asuba, shi nake fara leƙawa. Da hunturu ya kama na lulluɓe shi da zanen uwargida saboda ƙura, tun daga ranar take ce masa amarya.

"Malam, amaryar taka ta karya kumallo kuwa?"

Da buhun hatsi ya ƙare, ita da kanta ta nemo mai saye, wani mai kilishi kusa da kasuwar Dole. Na yanke masa jika talatin don ya tsorata ya tafi. Bawan Allah ko tayi bai yi ba, ya ƙirga ya miƙo. Wai wannan mutumin kirki ne!

Ya rataye shi sama da tebur, inda hayaƙi da ƙuda suke. To, ya zan yi? Kullum la'asar ina can. Mutum kuma ba ya tsayawa gaban mai kilishi hannu rabbana, sai in ce a yanka min na ɗari biyar, ina tauna ina goge masa goshi da bakin rigata. Ranar da babu kuɗi, a rubuta.

Alhamis ɗin nan, kasuwa ta cika maƙil, na iso na tarar an ɗauki gawayi an rangaɗa BA BASHI a cinyar dokin. A cinya, inda na haɗa fari kala uku!

Na ce, "Alhaji, wane mara imanin ne ya yi wannan?"

"Ni ne, Malam. Na lura nan kaɗai kake kallo. Jika tara nake bin ka."