Ba kotu ce ta jawo jinkirin ba

Marubucin wani sharhi da na karanta ya ɗora wa Kotun Ƙolin Indiya laifin jinkirin ɗaukar ɗaliban likitanci, amma ya tsallake inda gizo ke saƙa. Sai a watan Yulin 2021 gwamnatin tarayya ta sanar cewa daga cikin kujerun karatun likitanci da ake rabawa ƙasa baki ɗaya za a ware kashi 27 cikin ɗari ga rukunin da aka bari a baya a tsarin ajin da ake gada a Indiya, wato OBC, da kashi 10 ga talakawan manyan aji, alhali likitoci masu neman ƙwarewa sun cike fom ɗin NEET, jarrabawar shiga karatun likitanci, tun watanni kafin nan. Wa za a sauya wa ƙa'ida ana tsakiyar wasa ya yi shiru? Da alƙalai suka tambayi yadda aka yi mai samun rupi 800,000 a shekara, iyakar da aka sa wa masu neman kashi 10 ɗin, ya zama talaka, gwamnati ce da kanta ta roƙi mako huɗu ta sake nazari. Kafin hukuncin 7 ga Janairu 2022 ya fito, ƙananan likitoci sun shiga yajin aiki a Delhi, ga korona, asibitoci ba sabbin hannu. Kai kuma ɗan'uwa mai cewa ware irin wannan kaso zalunci ne ga masu ƙoƙari, ɗan da aka hana kakanninsa ɗiban ruwa a rijiyar gari, da wanda ubansa ya biya masa lasin mai tsada, a layi ɗaya suka fara tseren?