Jazz Couriers: rabuwar da ta haifar da gidan kiɗa a Landan

A watan Afrilun 1957 ne Tubby Hayes da Ronnie Scott, waɗanda dukkansu masu busa saksofon ne, suka kafa ƙungiyar kiɗan jaz mai suna Jazz Couriers a Landan, amma kafin Agustan 1959 ya ƙare kowa ya kama gabansa. Laifin da aka fi ɗora wa ƙungiyar shi ne kwaikwayo, domin hatta sunanta ya ɗauko kama da na Jazz Messengers ta Art Blakey, makaɗin ganguna ɗan Amurka, salon kiɗanta kuwa na Amurka ne tsantsa. Zargin yana da ƙamshin gaskiya, sai dai a ganina masu yin sa sun manta da halin da makaɗan Birtaniya suka taso a ciki.

Tun daga tsakiyar shekarun 1930, takaddamar ƙungiyoyin ƙwadagon makaɗa na ƙasashen biyu ta toshe wa ƙungiyoyin jaz na Amurka hanyar yin wasa a Birtaniya, ba a fara musayarsu ba sai a 1956. Matashin da ke son koyon wannan kiɗa faifai ne malaminsa, ya ɗora allura, ya ɗaga, ya sake ɗorawa har busar ta zauna masa. Shi kansa Scott sai da ya kama aikin kiɗa a jirgin ruwa na Queen Mary domin ya riƙa leƙa New York yana ji da kunnensa. Wanda ya koyi sana'a ta wannan hanya, ba abin mamaki ba ne a ji muryar malamin a bakinsa.

Abin lura shi ne inda koyon ya kai su. A gidan kiɗa na Flamingo, Hayes, yana ɗan shekara 22, yakan yi musayar busa da Scott cikin tsananin sauri, Terry Shannon na kan fiyano, Bill Eyden na kan ganguna, kuma a 1958 da su aka yi rangadin Birtaniya tare da Dave Brubeck, makaɗin fiyano ɗan Amurka.

Ban ɗauki rabuwar tasu a matsayin asara ba. Wata biyu bayanta, ranar 30 ga Oktoban 1959, Scott da Pete King, wani mai busa saksofon, suka buɗe gidan kiɗa a wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa a titin Gerrard, wanda har yau yana nan da sunan Scott, ko da yake ya koma titin Frith a 1965. A ɗakin na titin Gerrard ne Zoot Sims, mai busa saksofon ɗan Amurka, ya zo ya yi wasa a 1961, a musayar da ta kai Hayes gidan Half Note na New York, inda ya busa wa masu kiɗan a garinsu.