Ɓarawo yana zaɓar wuri kafin ya zaɓi mutum

Da zarar ƙwacen waya ya yi yawa, sai ka ji an ce unguwa kaza ta lalace, a biyo da samame, a kwashi matasan layi a mota. Masana ilimin aikata laifuka sun daɗe da gano cewa wannan kuɗin goro ne. Laifi ba ya mamaye unguwa, wasu 'yan wurare yake maƙalewa a cikinta.

A 1989 Lawrence Sherman da abokan aikinsa suka fitar da nazarin kiran da jama'a suka yi wa 'yan sanda a birnin Minneapolis na Amurka cikin shekara guda, sama da kira 300,000. Rabin kiran daga kusan kashi 3 cikin ɗari na adireshin birnin ya fito. David Weisburd ya bi bayanan laifukan birnin Seattle na Amurka daga 1989 zuwa 2002, ya tarar kashi 4 zuwa 5 cikin ɗari na layukan birnin ne ke ɗauke da rabin laifukan, kusan layukan nan dai kowace shekara.

Tun 1979 Lawrence Cohen da Marcus Felson suka faɗi dalili: laifi ba ya aukuwa sai abu uku sun haɗu a wuri ɗaya, mai mugun nufi, abin ɗauka, da rashin mai sa ido. Dubi kwanar da adaidaita sahu ke sauke fasinja bayan isha'i. Fitilar titi ta mutu, mai shayi ya tashi, fasinja ya ciro waya yana haska jaka don neman canji, ga lungu a bayansa da ke ɓullewa wani layin. Taku ɗari a gaba, inda mai tsire ke da kwan lantarki da majalisa, ba a taɓa kowa.

Sintiri yana aiki, amma da ƙa'ida. Christopher Koper ya nuna a 1995 cewa tsayawar kusan minti 15 a wuri ta fi tasiri. Wucewa da mota kawai ba ta kai tsayawa tasiri ba, daɗewa kuma ba ta ƙara amfani. Dole lokacin zuwan ya riƙa sauyawa, in ba haka ba ɓarawo ya haddace shi. Masu cewa laifin zai koma layin gaba ne kawai su duba gwajin da aka yi a birnin Jersey City na Amurka, inda 'yan sanda suka mayar da hankali kan wasu layuka: maƙwabtan layukan ma sauƙi suka samu.

Gyaran wurin ya fi ɗorewa. A birnin Philadelphia na Amurka an share filayen da aka yi watsi da su, aka shuka ciyawa, aka yi ɗan gajeren shinge, harbe-harbe ya ragu da kashi 29 cikin ɗari a unguwannin talakawa.

A garuruwanmu cikas ɗin tun daga rajista yake farawa. Da yawa ba sa kai ƙara, wanda ya kai kuma sunan unguwa kawai ake rubutawa. Kamata ya yi kowane rahoto ya ɗauki kwanar, da alamar da ke kusa, masallaci ko gidan mai, da ƙarfe nawa abin ya faru. Bayanan wata shida sun isa DPO da mai unguwa su san inda za a fara sa fitila.