Jenny Wormald da gyaran fahimta kan gabar jini a Sikotland

An daɗe ana ɗaukar cewa Sikotland ta ƙarni na 15 da na 16 ƙasa ce da ba doka ba oda, inda manyan masu sarauta ke kashe juna yadda suka ga dama, sarki kuwa ba shi da ta cewa. Malamar tarihi Jenny Wormald, wadda aka haifa a Glasgow a 1942 ta rasu a 2015, ta nuna cewa wannan fahimta ba daidai ba ce.

Ta koyar a Jami'ar Glasgow daga 1966, sannan ta koma kwalejin St Hilda's ta Oxford a 1985, inda ta shekara ashirin. A wata maƙala da ta wallafa a 1980, ta bayyana cewa gabar jini tana da ƙa'idojinta, kuma galibi da sulhu take ƙarewa. Idan an yi kisa, dangin mai laifi su ne ke biyan diyya, dangin mamaci kuma su ba da takarda mai hatimi cewa sun karɓa sun yafe, kuma afuwar sarki ba ta cika sai an biya wannan haƙƙi. A ganina, wannan shi ne aikinta mafi muhimmanci, domin daga takardun da mutanen suka bari ta gina hujjarta.

Ba ta musanta cewa an zubar da jini ba, domin a 1598 ma sai da Sarki James na Shida ya sa majalisa ta kafa dokar da ta tilasta wa masu gaba kai rikicinsu gaban masu sulhu ko kotu.