Ƙirga mintuna kaɗai ba ya nuna adalcin talabijin a lokacin zaɓe

Duk lokacin da babban zaɓe ya ƙarato, gidajen talabijin kan bugi ƙirji su ce sun raba wa jam'iyyu lokaci daidai wa daida. Wannan ba ya gamsar da ni, domin a ɗakin tace hotuna ake yin son kai.

A Faransa, hukumar Arcom mai sa ido kan gidajen rediyo da talabijin tana ƙirga lokacin da kowane ɗan takarar shugaban ƙasa ya yi magana, kuma a makonni biyu na ƙarshe tilas a daidaita su. Madalla da wannan. Amma ku dubi rahoto na minti biyu a kowace tasha. Ɗan takara na farko an bar shi ya yi bayani da bakinsa, kyamara ta matso kusa, taro ya cika allo. Na biyu kuwa ana nuna shi yana motsa baki, ɗan jarida ne ke faɗin abin da ya ce, an ja kyamara baya har kujerun da ba kowa sun bayyana. Ko da lokacin da aka nuna su a allo ɗaya ne, mai kallo ya riga ya yanke hukunci.

Ga kuma datse magana. Binciken Daniel Hallin a Amurka ya nuna cewa a 1968 labaran talabijin na maraice kan bar ɗan takara ya yi magana kimanin daƙiƙa 43 ba yankewa. Zuwa 1988 abin ya koma daƙiƙa 9. Wane bayani kan haraji ko asibitoci zai shiga daƙiƙa tara? Shi ya sa 'yan siyasa suka koyi jifa da gajeriyar magana mai zafi, tashoshi kuma suka cike sauran lokacin da batun wa ke gaba, wa ke baya. Alhali binciken jin ra'ayin da aka tambayi mutum 1,000 yana iya kuskure da kusan maki uku sama ko ƙasa, don haka tazarar maki biyu ba labari ba ce.

Mai son auna tasha ya ɗauki mako guda yana rubuta wa aka fara nunawa, da ƙarfe nawa, daƙiƙa nawa aka ji muryarsa, da su wa aka gayyato sharhi. Ya kuma lura da taron da ake haskawa kai tsaye: idan jam'iyya ce ta biya, kamata ya yi a rubuta hakan a allo daga farko har ƙarshe. Birtaniya ma ta haramta tallar siyasa ta kuɗi a talabijin gaba ɗaya.