Wa ke da ta cewa a ƙauyukan kan tsaunin Tailan?

Jama'a, mu da yawa abin da muka sani game da Tailan bai wuce shinkafa 'yar Tailan da kasuwannin Bankok ba. To duk wanda ƙafarsa ta kai shi arewacin ƙasar, birnin Chiang Mai, zai ga wata haja da ake tallatawa a kusan kowane lungu na tsohon gari, wato tattakin kwana biyu ko uku zuwa ƙauyukan ƙabilun kan tsauni. Allon talla ɗaya ne a ko'ina. Hoton mace da zobban tagulla a wuya, hoton giwa, hoton Turawa a kan jirgin gora suna dariya, sai farashi a ƙasa. Ka biya, a zo masaukinka da safe a ɗauke ka.

Ra'ayina a kan wannan tafiya shi ne a je. Amma kafin ka miƙa kuɗinka, ka san ko mutanen ƙauyen ne suka gayyace ka, ko kuwa wani ne a birni ya sayar maka da su ba da saninsu ba. Duk alherin tafiyar da sharrinta a nan suke.

Mutanen da ake magana a kansu ba ƙabila ɗaya ba ce. Akwai Karen, waɗanda suka fi kowa yawa kuma sun daɗe ƙwarai a yankin. Akwai Hmong da Mien da Akha da Lahu da Lisu, waɗanda akasarinsu suka gangaro daga kudancin Sin ta Laos da Miyanma a ƙarni na 19 da na 20. Kowacce da harshenta, da suturarta, da irin ginin gidanta. Har wajen 1959, lokacin da gwamnati ta haramta ofiyom, shi ne abin da da yawa daga masu zama can ƙololuwa ke nomawa su samu kuɗi, kuma noman bai mutu nan take ba. A 1969 Sarki Bhumibol ya kafa wani shiri na sauya musu amfanin gona, aka kawo kofi da kabeji da furanni da 'ya'yan itatuwa masu son sanyi. Shi ya sa yau idan kana hawa za ka riƙa cin karo da motoci shaƙe da kabeji suna sauka.

Bari in faɗi yadda tafiyar take idan an yi ta da kyau, don kada a ɗauka kushe kawai na zo yi.

A bayan a-kori-kura mai benci biyu ake fita daga gari. A tsaya a wata kasuwar hanya, ɗan jagora ya sayi kayan miya da shinkafa da za a dafa a can sama, kai kuma ka sayi ruwa. Inda kwalta ta ƙare, nan ƙafa ke karɓa. Hawan ba na wasa ba ne. Hanya ce siririya ta cikin kurmin gora, ƙasa ja mai santsi, ga zufa, ga matsattsaku idan damina ce. Wanda ya yi mana jagora ɗan Karen ne, haifaffen ƙauyen da za mu kwana. Da silifa yake tafe, da adda a kugu. Ya sare mana gora kowa ya samu sandar dogarawa, daga baya ya sake sare wata ya yi mana kofunan shan shayi, ya dafa ruwan a cikin gaɓar gora ɗanya da ya jingina a kan wuta. Kusan kowane ganye ya san sunansa: wannan na tsayar da jini ne, wannan ana miya da shi, wannan kada ka taɓa.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne wata saura da muka ratsa. Ni da na kalle ta daji kawai na gani. Shi kuwa ya tsaya ya ce ta gidansu ce, ya nuna kututturan da aka sare daidai ƙugu don su sake tohowa, ya ce shekara ɗaya ake shuka shinkafar tudu a wurin tare da barkono da kabewa da wake, sannan a bar ta ta huta shekaru kamar bakwai kafin a dawo. Ya ce jami'an gandun daji sun daɗe suna kiran wannan noma da ɓarnar daji, alhali kakanninsu da shi suka rayu kuma kurmin na nan. Duk wanda ya tashi a gidan noma a ƙasar Hausa ya san amfanin barin gona ta huta, saboda haka maganarsa ba ta yi mini wuyar fahimta ba. Wannan bayani ba za ka taɓa samunsa daga jagoran da aka ɗauko haya daga birni ba, domin shi ma baƙo ne, harshen mutanen ma ba ya ji.

Da muka isa, sai da ɗan jagoranmu ya fara kai mu gidan da za mu kwana muka gaida masu gida. Gida ne na katako da gora a kan dirkoki, kaji da aladu a ƙarƙashi, murhu a tsakiyar ɗaki. Aka cire takalma a bakin matakala. Tsohuwar gidan na zaune a ƙasa tana saƙa, ta ɗaura bakin zaren a ƙugunta, ɗaya bakin a jikin ginshiƙi. Na ce masa ya gaishe mini da Iya, ya tambaye ta ko zan iya zama in kalla. Ta matsa mini tabarma. Ta nuna mini cewa farar doguwar riga ta 'yan mata ce waɗanda ba su yi aure ba, mai launi kuma ta matan aure. Ta tambayi daga ina nake, me muke nomawa, ko muna da shinkafa. Da na ce gero da dawa muka fi ci a wajenmu, sai ta so a kwatanta mata yadda zangarniyar gero take. Hira ce ta mutum biyu, kowa na tambayar kowa.

To ga ɗaya fuskar. Akwai tafiye-tafiyen da ake zuba mutum goma sha a mota, a sauke su a bakin ƙauye na rabin awa, su bi layi suna ɗaukar hoto, su jefa wa yara alewa, su koma mota. Ba sallama, ba gaisuwa. Ɗan uwa, ka ɗauka mahaifiyarka na tsakar gida tana daka, sai ga ayarin baƙi sun faɗo ba sallama, kowa ya saita waya a fuskarta, suka fice, kuma wani can a birni shi ya karɓi kuɗin shigowarsu. Yaya za ka ji? Abin da ke faruwa ke nan kullum a wasu ƙauyukan da ke kusa da titi. Kuɗin da baƙo ya biya, mai shagon talla ya cire nasa, kamfani ya cire nasa, mai mota da mai giwa su cire nasu. Abin da ke isa hannun mai gidan da aka kwana a ɗakinsa ɗan ƙalilan ne, sai abin da matan suka samu daga sayar da jaka da awarwaro, su ma baƙi na ta taya su da ƙasa.

Me ya sa suke haƙuri da wannan? A nan ne maganar ta fi yi mini ciwo. Da yawa daga cikin mutanen kan tsaunin ba su da takardar zama 'yan ƙasa, ko da a nan aka haife su, aka haifi iyayensu. Wanda ba shi da katin shaida ba ya mallakar fili a hukumance, ba ya zaɓe, ba ya samun aikin gwamnati, kuma fita daga yankin da aka yi masa rajista sai da izini, ga shingayen bincike a kan hanya. Kun tuna yaran nan 'yan ƙwallo 12 da kocinsu da ruwa ya rutsa da su a kogon Tham Luang a lardin Chiang Rai a 2018? Duniya duka ta yi ta addu'a har aka fito da su. A lokacin ne aka gane uku daga cikin yaran da kocin kansa ba su da ƙasa, ciki har da Adul Sam-on, yaron da ya yi magana da masu ninƙaya 'yan Ingila da Turanci ranar da aka gano su. A watan Agusta na shekarar aka ba su takardun. Sai da suka kusa mutuwa a idon duniya. A watan Oktoba na 2024 majalisar ministocin Tailan ta amince da hanzarta ba wa mutane sama da 480,000 izinin zama ko zama 'yan ƙasa, kuma wannan mataki ne da ya cancanci yabo. Amma adadin kansa ya isa ya nuna girman ramin. Mutumin da ba shi da takarda ba ya iya samun lasisin jagorancin masu yawon buɗe ido, ba ya iya buɗe kamfani, ba ya da bakin cewa kada a shigo masa gida. Shi ya sa wasu ke ci da sunansa.

Batun matan nan masu zobba a wuya, 'yan ƙabilar Kayan, shi ya fi fitowa fili. 'Yan gudun hijira ne daga jihar Kayah ta Miyanma, yaƙi ya koro su a ƙarshen shekarun 1980, aka zaunar da su a wasu ƙauyuka na lardin Mae Hong Son kamar Huay Pu Keng. Zobban ba tsawaita wuya suke yi ba, nauyinsu ne ke danne ƙasusuwan kafaɗa da haƙarƙari har wuyan ya yi kamar ya miƙe. Aka sa kuɗin shiga a bakin ƙauyukan. A 2008 hukumar kula da 'yan gudun hijira ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta fito ta yi kuka cewa an hana wasu daga cikinsu izinin fita, alhali ƙasashe irin su New Zealand sun yarda su karɓe su, har mai magana da yawun hukumar ta kwatanta wurin da gidan zu na mutane. Daga baya 'yan kasuwa suka gina ƙauyukan nuni kusa da Chiang Mai da Chiang Rai, suka kwaso iyalai daga ƙabilu daban-daban suka jera su wuri ɗaya don baƙo ya gama kallo cikin awa guda. Wannan kam ba zan ba kowa shawarar ya kai kuɗinsa ba.

Na san akwai masu cewa to a daina zuwa gaba ɗaya mana. Ina girmama niyyarsu amma ban yarda da su ba. Lokacin annobar korona an ga abin da rashin baƙi ya haifar: mata masu saƙa ba mai saye, masu kula da giwaye suka tako da dabbobinsu a ƙasa suka koma ƙauyukansu saboda ba kuɗin ciyar da su. Wanda ya ƙaurace daga nesa ya wanke hannunsa ne kawai, tukunyar wancan gida kuwa ba ta hau wuta ba. Kuma akwai ƙauyukan da suka karɓe ragamar da kansu. Su ke yanke yawan baƙin da za su karɓa, su ke juya kwana daga gida zuwa gida don kowa ya samu, su ke ware wani kaso na asusun gari, 'ya'yansu ne 'yan jagora. Wani matashi ɗan Akha, Lee Ayu Chuepa, ya kafa Akha Ama a 2010 don kofin ƙauyensu ya isa kasuwa ba tare da dillalai sun cinye ribar ba, yau shagonsa sananne ne a Chiang Mai. Irin waɗannan su ya kamata kuɗinmu ya nema.

Kada kuma mu ɗauka laifin na wasu ne can nesa. A 1986, lokacin tsohuwar jihar Gongola, da labarin mutanen Koma na tsaunukan Alantika ya bazu a jaridun Najeriya, cewa aka yi an gano su, aka yi ta buga hotunan matansu da ganye a ƙugu. Har yau idan wasunmu sun hau can, hoton suke nema, su dawo su saka a Facebook da kalaman tausayi ko na raini, ba wanda ya tambaya ko an yarda. Ga Sukur a ƙaramar hukumar Madagali ta jihar Adamawa, wadda UNESCO ta sa a jerin kayan tarihin duniya tun 1999, da fadar sarkinsu Hidi da hanyoyin dutse da kakanninsu suka shimfiɗa. Idan zaman lafiya ya ƙara kankama baƙi za su ƙaru, kuma ina fatan 'ya'yan Sukur ne za su riƙe ƙofar, ba wani kamfani daga Abuja ba.

Ga wanda ya yi niyyar zuwa Tailan ɗin, lokacin sanyi ya fi, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, kuma ka riƙe rigar sanyi don daren kan tsauni ba ya wasa. Maris da Afrilu hayaƙin ƙona gonaki na rufe sararin sama. Musulmi ya faɗa wa ɗan jagora tun kafin a shiga kasuwar hanya cewa ba ya cin alade, don naman da aka fi dafawa ke nan a ƙauyukan. Shinkafa da ƙwai da ganye sun wadatar, kuma kana iya yin guzuri daga unguwar masallacin Ban Haw a Chiang Mai, inda Musulmi 'yan asalin Yunnan ke sayar da abincin halal. Mu da muke so a ba mu wurin shimfiɗa sallaya, mu ma sai mu kiyaye nasu: a bakin ƙauyen Akha akwai ƙofar katako da suke tsarkakewa, ba a taɓa ta. Idan kana son taimaka wa yara, ka ba malamin makaranta ko mai gari, kada ka koya musu miƙa hannu. Ka nemi izini kafin hoto, idan an ce a'a ka mayar da wayarka aljihu.

A shagon talla kuwa, tun kafin ka ciro kuɗi, ka tambayi mai shagon sunan ƙauyen da za a kwana, ka tambaye shi ɗan jagoran ɗan ina ne kuma wane harshe yake ji, sannan nawa ake ba mai gida a kan kowane baƙo. Idan ya fara kame-kame, ka yi masa sallama ka shiga shago na gaba.